Dalilin tafiyar hawainiyar finafinan majigi

Malam, ka tambayi abin da ya sa gajerun finafinan wayar da kai da aka riƙa nunawa a majigi bayan Yaƙin Duniya na Biyu suke jan jiki, har a daɗe ana nuna mutum yana wanke hannu kawai. Da gangan aka yi su haka.

A 1939 gwamnatin Birtaniya ta kafa sashen shirya finafinai domin ƙasashen da take mulka, ta ɗora William Sellers a kansa, wanda a baya jami'in kiwon lafiya ne a Legas. Ƙa'idarsa ita ce kyamara ta tsaya wuri guda, a rage yanke-yanken hoto, kuma a nuna kowane aiki daga farko har ƙarshe, domin a zatonsa mutumin karkara zai rikice idan hoto ya yi sauri. A ganina akwai raini a cikin wannan zato, ganin cewa mutanen nan sun saba da tatsuniya mai sarƙaƙiya.

Sai dai akwai dalili na biyu da ya fi gamsar da ni. Yawancin finafinan ba su da magana a jikinsu. Mota ce ke zuwa da janareta, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan magariba, tafinta ya riƙe lasifika yana bayani da Hausa, saboda haka dole hoton ya jira shi ya kai aya kafin a wuce gaba.