Kun Tambaya: Zohran Mamdani Ba'indiye Ne Ko Ɗan Yuganda?

Tambaya: Malam, barka da aiki. Gardama ta kaure mana a teburin mai shayi kan Zohran Mamdani na New York. Wasu sun ce Ba'indiye ne, wasu sun rantse ɗan Yuganda ne. Na kuma ji an ce kafin ya zama magajin gari ɗan majalisar jiha ne. Wane ne shi, kuma me ya tsinana a majalisar? Daga mai karatu a Funtuwa.

Amsa: Barka kadai. Ka gaya wa 'yan teburinku kowa ya biya kuɗin shayinsa, don babu wanda ya ci gardamar. A Kampala aka haifi Zohran Kwame Mamdani ranar 18 ga Oktoba, 1991, amma iyayensa duka biyu 'yan asalin Indiya ne. Mahaifinsa, Farfesa Mahmood Mamdani, Musulmi ne daga zuriyar Gujarat, a Yuganda ya tashi, kuma yana cikin dubban Indiyawan da Idi Amin ya ba kwana 90 su fice daga ƙasar a 1972. Sai bayan faɗuwar Amin ya koma, ya koyar a Jami'ar Makerere. Mahaifiyarsa, Mira Nair, sananniyar mai shirya finafinai ce. Sunan Kwame kuwa don girmama Kwame Nkrumah na Ghana aka sa masa.

Yana da shekara 5 suka koma Cape Town, yana da 7 suka sauka New York. Ya gama Kwalejin Bowdoin a 2014, inda ya karanci nazarin Afirka. Bai zama ɗan ƙasar Amurka ba sai a 2018. Ya taɓa waƙar gambarar zamani ma, sai dai ba ta kai shi ko'ina ba.

Yanzu ga inda na fi so ka tsaya. Kafin siyasa, aikinsa a yankin Queens shi ne zama da masu ƙaramin ƙarfi waɗanda banki ke shirin ƙwace wa gida saboda bashi, yana duba musu takardu, yana nema musu sassauci. Daga nan ya fito takara a 2020, a mazaɓa ta 36 da ta ƙunshi unguwar Astoria. Majalisar da ya nema ita ce ƙaramar majalisar dokokin jihar New York, mai kujeru 150, wadda ke zama a Albany, kuma duk shekara 2 ake sake zaɓe. Wadda ke kan kujerar, Aravella Simotas, tun 2011 take riƙe da ita, kuma 'yar jam'iyyarsu ce ta Democrat. A irin wannan mazaɓa zaɓen fid da gwani shi ne zaɓen gaske. Ya kayar da ita da tazarar da ba ta kai ƙuri'a 500 ba, bayan an shafe makonni ana ƙirga ƙuri'un da aka aiko ta gidan waya. Ba shi da ubangida; matasan ƙungiyarsu ta 'yan gurguzu masu bin dimokuraɗiyya ne suka bi gida-gida suna ƙwanƙwasa ƙofa. Ya sake cin kujerar a 2022 da 2024.

Abin da ya fito da sunansa ma ba a zauren majalisa ya faru ba. A New York, ba a tuƙa tasin nan mai ruwan ɗorawa sai da wata lamba ta musamman da ake liƙa wa motar. Wajen 2014 farashin lambar ya haura dala miliyan ɗaya, direbobi kuma, akasarinsu baƙi ne daga wasu ƙasashe, da bashi suka saya, suna ganin ita ce fanshonsu. Da Uber da Lyft, kamfanonin kiran mota ta wayar hannu, suka shigo, farashi ya faɗi warwas, bashi ya tsaya cak. Har wasu direbobi sun kashe kansu. A 2021 ƙungiyar direbobin ta kafa sansani a bakin ofishin magajin gari, Mamdani ya shiga yajin cin abinci tare da su na kwana 15. Aka ƙare da yarjejeniya: bashin kowane direban da ta shafa ba zai wuce dala 170,000 ba, biyan wata kuma ba zai wuce dala 1,122 ba. Ba shi kaɗai ya yi aikin ba, ƙungiyar direbobin, wadda Bhairavi Desai ke jagoranta, ta fi kowa shan wahala, amma direbobi ba su manta da ɗan majalisar da ya kwana da yunwa a gefensu ba.

Ya kuma matsa har aka gwada bas kyauta a layi biyar, ɗaya a kowane yanki na birnin, daga 2023 zuwa 2024. Fasinjoji sun ƙaru, amma majalisa ba ta sabunta kuɗin ba, shirin ya tsaya. Masu sukarsa kan ce ƙudurorinsa da suka zama doka ba su taka kara sun karya ba, kuma ban ga ƙarya a wannan ba. Ya fi iya tara jama'a a kan cinikin dokoki a kwamiti.

Na san mutanenmu sun fi murna da cewa Musulmi ne, kuma hakan tarihi ne: shi ne Musulmi na farko da ya zama magajin garin New York, bayan ya doke tsohon gwamna Andrew Cuomo sau biyu a 2025, a fid da gwani da kuma babban zaɓen 4 ga Nuwamba. Amma a ganina kuɗin haya, kuɗin mota da tsadar cefane ne suka tara masa ƙuri'a fiye da miliyan ɗaya, kuma tun yana Albany waɗannan yake ta nanatawa.

Tambaya: To zai iya zama shugaban Amurka wata rana? Daga wata mai karatu a Maraɗi.

Amsa: A'a, Hajiya. Tsarin mulkin Amurka ya keɓe kujerar shugaban ƙasa da ta mataimakinsa ga wanda ya zo duniya yana ɗan ƙasa, shi kuwa yana da shekara 26 ya samu takardarsa. Gwamna dai babu abin da ya hana shi nema, sanata kuwa sai wanda ya cika shekara 9 da zama ɗan ƙasa.