Zabirar Baba da akwatin likitan jirgi

Ɗana,

Saƙonka ya iso, ƙanwarka ce ta karanta mini. Na ji sojan ruwa sun ɗauke ka likita, Allah Ya sanya albarka, Ya tsare. Sai tambayar da ta biyo baya, wai tunda al'adar gidanmu na wanzamai ce duk wanda zai fara sa ƙarfe a jikin mutum sai an danƙa masa zabira a gaban manya, kai da za ka shiga jirgin da gwamnati ta cika da kayan aiki ko dole ne ka karɓa, in kuma ka karɓa ko laifi ne ka rataye ta a falo don ado. Maganar falon nan ta ba ni dariya. Daga baya kuma na yi shiru, don na gane ba wanda ya taɓa zaunar da kai ya gaya maka abin da ake danƙa wa mutum a ranar.

Ka san waɗanda suka riga ka wannan aiki 'yan'uwanmu ne a sana'a? A Ingila masu aski da masu tiyata ƙungiya ɗaya suke tun daga 1540, sai a 1745 suka raba gari. Wani tsohon likita da na yi aiki a ƙarƙashinsa a ɗakin tiyata ne ya fara ba ni labarin, na bi na yi ta karantawa. A zamanin jiragen yaƙi na katako masu filafilai, waɗanda iska ke korawa, likitan jirgi da akwatinsa yake zuwa. Wuƙaƙe, zarto, allurar ɗinki, igiyar ɗaure jijiya, duk da kuɗinsa yake saye. Manyan sana'a su duba akwatin, su rufe, su buga hatimi don kada ya sayar da komai a hanya, sannan a hau da shi. Cikin ladansa har da kwabo biyu da ake cira daga albashin kowane matuƙi duk wata. Ko hafsa cikakke ba a ɗauke shi ba, sai a 1843.

In an fara harbi, can ƙasan jirgi yake, ƙasa da bakin ruwa, inda ba taga ba iska. A haɗa akwatunan samari masu koyon aikin hafsa a shimfiɗa zane, teburi ke nan. A kunna fitila, a watsa yashi a ƙasa saboda santsin jini. Maganin sa barci bai zo ba sai 1846, don haka sai dai a ba mutum barasa ko ɗan maganin kashe zafi, a sa masa fata ya ciza, ƙarti su danne shi, likita ya gama cikin 'yan mintoci. A yaƙin Tarafalga, inda jiragen Ingila suka gwabza da na Faransa da Sifen ranar 21 ga Oktoba 1805, likita William Beatty da mataimakansa biyu sun karɓi raunana sama da ɗari a jirgin Victory, ya yanke gaɓoɓi 11. Nan aka sauko da shugaban rundunar, Nelson, harsashi ya shige shi ta kafaɗa har ƙashin baya. Da ya gane tasa ta ƙare, sai ya ce wa likita ya koma kan waɗanda za a iya ceta. Shi Nelson ɗin an yanke masa hannun dama tun 1797, kuma abin da ya kasa mantawa shi ne sanyin wuƙa lokacin da ta fara shiga, har ya ba da umarni a riƙa ɗumama kayan yanka da ruwan zafi.

Ranar da na karanta wannan sai da na ajiye takardar, don Baba na tuna.

Ina yaro mai ɗaukar masa zabira, jajibirin wata Babbar Sallah mahauta suka yi hawan ƙaho. Sa ya ɗaga wani saurayi ya tsarge masa cinya, tun daga saman gwiwa har kusa da matsematsi. Damina ce, hanyar birni ta yanke, motar da ke zuwa garinmu sai ranar kasuwa. Bayan isha aka buga mana ƙofa. Muka tarar da shi a zaure kan tabarma, an cusa tsumma a raunin, mata na kuka daga cikin gida, kowa na faɗin nasa maganin. Baba bai ce wa kowa komai ba. Ya sa aka fitar da jama'a, ya bar mutum huɗu masu ƙarfi, ya miƙa mini aci-balbal ya ce in hannuna ya yi rawa in kama shi da ɗayan. Ya kwance rawaninsa ya ɗaure cinyar daga sama, ya sa sanda ya murɗa har jinin ya tsaya. Sannan ya sa aka kawo tafasasshen ruwa a kasko ya zuba asake a ciki. Mahaifin yaron ya ce, Sarkin Aska, ai lokaci na tafiya. Baba ya ce, "Ƙarfe mai sanyi ba ya gaisawa da mai rai." Ya durƙusa ya kira yaron da sunansa, ya gaya masa abin da zai yi ɗaya bayan ɗaya, ya ce ya yi ta salati, in ya ga dama ya yi ihu, ba abin kunya ba ne. Ya wanke raunin da ruwan gishiri, ya yanke naman da ya mutu, ya ciro wani tsinken kara da ya shige ciki. Ihun yaron nan har yau yana kunnena. Man fitila ya zubo mini a yatsa ban saki ba.

Da aka gama na fara tattara kaya in mu tafi gida. Baba ya ce in shimfiɗa masa buzu. A zauren nan muka yi Sallah, muka ci tuwon mahauta, yana tashi cikin dare yana shinshina raunin yana taɓa goshin yaron, har hanya ta buɗe ya raka shi asibitin birni da kansa. Da na yi ƙorafin an yi hawan Sallah ba ni, sai ya ce abin da kakanmu ke faɗa: wanda ya yanka shi ke jinya. Ya ƙara da cewa askar aro ba ta san mai ita ba, in ta yi ɓarna wa za a tambaya?

To likitan jirgi ko ya so ko bai so ba haka ya rayu. Wanda ya yanke wa ƙafa da shi zai yi wata da watanni a teku, yana ganinsa kullum. Kuma yaƙi ba shi ne ya fi cin mutane ba, cuta ce. A tafiyar zagaya duniya da Anson, wani kwamandan sojan ruwan Ingila, ya yi daga 1740 zuwa 1744 mafi yawan mutanensa ba su dawo ba, galibi saboda ciwon nan da ke ruɓar da dasashi, haƙora su zube, tsohon tabo ya buɗe. James Lind, likitan jirgin Salisbury, a 1747 ya ware marasa lafiya 12, ya kasa su biyu-biyu, kowane kashi da abin da ake ba shi. Waɗanda aka ba lemon zaƙi da na tsami su suka miƙe. Amma sai 1795 hukuma ta sa a riƙa raba ruwan lemo a jiragen yaƙi. Ka lissafa rayukan da suka tafi a tsakani. Wanda ke kwana kusa da majinyaci ya ga gaskiya, na ofis suka yi ta jan ƙafa. Har ƙasarmu irinsu sun zo: Walter Oudney, likitan sojan ruwa, a kusa da Katagum ya rasu a 1824, William Baikie kuma ya hau Binuwai a 1854 yana ba mutanensa kwinin kullum, ya dawo da su ba wanda zazzaɓi ya kashe.

Abin da ke damuna da ku yaran yanzu, ilminku ya ninka namu, ban musa ba, amma na kwanta a asibiti bara, wanda ya yi mini aiki ban sake ganin fuskarsa ba har aka sallame ni. Lambar gado suke kira, ba suna ba.

Kada ka fahimce ni a baibai. Askar da ke cikin zabirar nan ba za ta sake taɓa fatar kowa ba, ni na hana tun ina aiki, don na ga abin da aska ɗaya a jikin mutum goma ke yaɗawa, na ga jariran da aka kawo mana bayan cire beli. Ka yi aiki da abin da aka koya maka. Amma ka zo gida kafin ku tashi, ka zo da safe lokacin da baffanninka ke nan, akwai abin da ake sa mutum ya faɗa da bakinsa kafin ya miƙa hannu, ba a waya ake faɗarsa ba. Ka kuma sanar da ni ku nawa ne a jirgin, da ko kai kaɗai ne likita a ciki.

Baffanka