Tambaya da Amsa: Mafarauta ma sun yi gayya?

TAMBAYA: Malam, a aji an koya mana cewa sai da ɗan Adam ya kama noma sannan ya zauna wuri guda, ya naɗa sarki, ya iya manyan gine-gine. Shin mafarauta da masunta ba su taɓa haɗuwa sun yi wani babban aiki ba? Daga wata ɗalibar tarihi, Zariya.

AMSA: 'Yata, ni ma abin da aka koya mini ke nan, kuma na daɗe ina maimaita shi. Wani wuri a jihar Luwiziyana ta Amurka, mai suna Poverty Point, shi ya sa na ja bakina na yi shiru.

Mutanen da suka zauna can, tsakanin 1700 zuwa 1100 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ba manoma ba ne. Kifi suke kamawa, su harbi barewa, su tsinci 'ya'yan itace. Duk da haka sun tara tudun ƙasa mai tsayin kusan mita 22, ga kuma kunyoyi shida manya-manya, a lanƙwashe kamar jinjirin wata.

Yadda aka gano tsarin aikin ne ya fi burge ni. Masu binciken kufai, Anthony Ortmann da Tristram Kidder, sun duba cikin tudun, suka fitar da sakamakonsu a 2013. Sun tarar an fara ƙone ciyawar fadamar da tudun yake kai, sannan aka bi da ƙasa. Zubin kowane kwando yana nan da launinsa, domin daga wurare daban-daban aka ɗebo. Tsakanin zubi da zubi kuwa babu alamar ruwan sama ya yi zaizaya, babu alamar ƙasar ta daɗe a buɗe. Duk wanda ya taɓa barin gini damina ta dake shi ya san abin da wannan ke nufi: ba a tsaya ba. Lissafinsu ya ba da kwana 90 ko ƙasa da haka, kwando kusan miliyan 8. Na raba da kaina, sai na ga kwando kusan 90,000 ke nan kullum. Babu jaki, babu baro, sai ƙarfin ɗan Adam.

To wa ya ba da umarni? Ba a ga fada ba, ba a ga kabarin wani mai sarauta ba. Amma dole akwai mai cewa "ku haƙa nan, ku zuba can", kuma dole an gayyato dubban mutane daga nesa. Ni abin gayya yake tuna mini: mai gona ba ya tilasta kowa, sai dai ya tanadi fura da tuwo, makaɗi na zuga samari.

Kuma kada ki manta da masu girki. Yankin ba shi da duwatsu, don haka yumɓu suke mulmulawa dunƙule-dunƙule, su gasa, su zuba a rami su dafa abinci da zafinsa. Irin waɗannan dunƙulen su aka fi tonowa a wurin.