Me ya sa har yau ba a daina maganar Jack the Ripper ba?

Assalamu alaikum. Malam, tambayarka biyu ce: me ya sa Turawa suka kasa barin zancen mutumin da ya kashe mata a Landan tun 1888, alhali an yi waɗanda suka fi shi ɓarna nesa ba kusa ba, sannan ko gaskiya ne gwajin DNA ya tona asirinsa kamar yadda ake yaɗawa. Na zauna a gabashin Landan lokacin karatu, a masallacin da ke kan titin Whitechapel nake Juma'a, don haka unguwar ba baƙuwata ba ce.

Ba a gano shi ba, kuma rashin ganowar shi ne jarin. Dubi Harold Shipman, likitan nan na Ingila da aka ɗaure a 2000. Bincike ya nuna ya kashe marasa lafiya fiye da 200, amma tunda an san fuskarsa, an kai shi kotu, ba mai biyan kuɗi don a zagaya da shi unguwarsa. Shi kuwa na Whitechapel, mata biyar ne aka fi yarda shi ya kashe, tsakanin 31 ga Agusta da 9 ga Nuwamba 1888. Da yake ba shi da fuska, kowa sai ya liƙa masa wadda ya ga dama.

Sunan ma da wuya in shi ya raɗa wa kansa. A ranar 27 ga Satumba wata wasiƙa da jan tawada ta isa kamfanin dillancin labarai na Central News, an sa hannu da Jack the Ripper. Lura, ba wurin 'yan sanda aka aika ta ba, wurin masu sayar da labari aka kai. Daga baya wasu manyan jami'an Scotland Yard, hedikwatar 'yan sandan Landan, sun ce ɗan jarida suke zargi da rubuta ta. Faɗuwa ce ta zo daidai da zama, domin dokar ilimi ta 1870 ta riga ta samar da talakawa masu iya karatu, ga jaridun yamma masu arha irin su Star, wadda aka kafa a watan Janairun shekarar, suna neman abin da zai sayar da su. Kafin wannan suna, wani wai shi Leather Apron ake ta kururutawa, har aka kama wani Bayahude mai ɗinkin takalma, John Pizer, aka tarar ba ruwansa aka sake shi.

'Yan sandan kuma a yi musu adalci, hannu rabbana suke aiki. Sai a 1901 Scotland Yard ta buɗe sashen zanen yatsa, a shekarar ce kuma aka samo gwajin da ke bambance jinin mutum da na dabba, a unguwar da mahauta ke yawo da jini a riga ba mai ɗaga kai. Ga rundunoni biyu da ba sa ga maciji. Daren 30 ga Satumba aka kashe mata biyu, Elizabeth Stride a yankin 'yan sandan Metropolitan, Catherine Eddowes a dandalin Mitre, yankin 'yan sandan tsohon birni. An tsinci yankin zanen gaban Eddowes a wani zaure a titin Goulston, a samansa an yi rubutu da alli kan Yahudawa. Shugaban 'yan sandan Metropolitan Sir Charles Warren ya sa aka goge rubutun kafin gari ya waye, ba a ko ɗauki hotonsa ba, don tsoron kada a far wa Yahudawan da suka gudo daga Rasha. Wataƙila ya hana tarzoma, amma ya bar wa masu gardama abin taunawa har gobe.

Waɗanda aka zarga sun haura ɗari. Takardar da Melville Macnaghten, wani babban jami'in Scotland Yard, ya rubuta a 1894 ta ambaci uku: Montague Druitt, lauya kuma malamin makaranta da aka tsinci gawarsa a kogin Thames ƙarshen Disamba 1888, da Kosminski, da Michael Ostrog. Sauran yawanci kasuwa ce. An ce jikan Sarauniya Victoria ne, Yarima Albert Victor, alhali yana Scotland a daren da aka kashe mata biyun. An ce likitan sarauniya ne, Sir William Gull, dattijon da ya haura 70, wanda shanyewar jiki ta taɓa tun 1887. Kowane zamani abin da yake tsoro ko yake ƙi shi yake sa wa rigar: baƙo, likita, mahaukaci, ɗan sarauta.

Maganar DNA ɗin a kan wani mayafi take, wanda wani ɗan kasuwa ya saya a gwanjo a 2007, aka ce an ɗauke shi kusa da gawar Eddowes. A 2014 aka shelanta cewa gwaji ya nuna Aaron Kosminski, wanzami ɗan Poland da ya mutu a gidan mahaukata a 1919. Da walakin. Mayafin ba ya cikin jerin kayan Eddowes da 'yan sanda suka rubuta ɗaya bayan ɗaya. Ɗan sandan da aka ce ya ɗauke shi na Metropolitan ne, wurin kuwa ba yankinsu ba ne. Ya shafe sama da shekara ɗari ana taɓa shi da hannu. Kuma irin ƙwayar halittar da aka gwada ta gadon uwa ce kawai, wadda mutane da yawa ke tarayya a kanta. Tana iya wanke mutum, amma ba ta iya ware shi shi kaɗai ta ce ga shi nan. Kosminski na iya zama shi ne, tunda 'yan sandan lokacin ma sun zarge shi, sai dai ba mayafin ne zai tabbatar ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne yawon dare da ake yi. Da magariba, bakin tashar jirgin ƙasa ta Aldgate East, sai ka ga ayari-ayari na 'yan yawon buɗe ido, kowane da jagoransa, wani da doguwar hula da baƙar alkyabba. Na taɓa bin wani. A dandalin Mitre, wanda yanzu manyan ofisoshi suka kewaye, jagoran ya haska hoton gawar Eddowes a bango, mutane suka ɗaga wayoyi, wata tana cin soyayyen dankali. Ya kwashe lokaci yana bayanin yadda aka yanka ta, bai ce uffan ba kan cewa kwana biyu kafin nan ta dawo a ƙafa daga ƙodago a gonakin Kent, har sai da suka jinginar da takalman abokin zamanta suka sami na shayi. An kama ta da maye a daren, aka sake ta daga caji ofis na Bishopsgate ƙarfe 1 na dare, kafin 1:45 an tsinci gawarta.

Haka sauran. Kuɗin gado a gidajen kwanan talakawa kwabo 4 ne. Polly Nichols, uwar 'ya'ya biyar, an sallame ta daga gidan kwana don ba ta da su. Annie Chapman, ga ciwon huhu, ita ma rashin kuɗin gado ya fitar da ita titi cikin dare. Huɗu daga cikin biyar ɗin sun haura shekara 40, saɓanin 'yan matan da ake nunawa a fina-finai. Mary Jane Kelly kaɗai ce matashiya, ita kaɗai aka kashe a ɗaki, kuma wanda ya ga gawarta yaron mai gida ne da aka aiko karɓar bashin haya sule 29. A 2015 aka buɗe gidan tarihi a titin Cable da aka nemi izininsa da sunan tarihin matan gabashin Landan, da aka yaye labule sai ga sunan makashin a kan allo. Mutanen unguwa sun yi zanga-zanga.

Ko za a taɓa ganowa? Ni dai ban sa rai ba. Takardun 'yan sandan tsohon birni sun salwanta a ruwan bama-baman Jamus lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, na Metropolitan kuma da ke ma'ajiyar tarihi ta Kew an yi musu giɓi, wasu sun ɓata, wasu an yi awon gaba da su. In ka sake ganin labarin an gano shi, ka duba ko akwai sabon littafi ko shirin talabijin da ke shirin fitowa a makon.