Amsa ga ƙanwarmu mai tambayar taswirar nauyi a duniyoyin labarinta

Ƙanwata, wallahi da na karanta tambayarki sai da gabana ya faɗi, don ciwon da ke damunki ya taɓa kwantar da ni. Kin ce labarinki duniyoyi bakwai ne, mutane da aljanu na kai-komo tsakaninsu, kowace da ƙarfin jan da take yi wa abu, ga shi lissafi ya fara kuɓuce miki: a babi na uku jarumarki ta haure katanga da tsalle ɗaya, a babi na tara kuma, a wannan duniyar dai, tulu ya gagare ta ɗauka. Kina neman yadda za ki zana taswirar da za ta riƙe miki wannan.

Ajiye rubutun tukuna. Ki sayi farin kwali babba, ki zaunar da kowace duniya inda kike so, ki ba ta lamba ɗaya tak: sau nawa take ja in an gwada ta da tamu. Ari ma'auni daga na gaske. Jan Wata kashi ɗaya cikin shida ne na namu, na Mars wajen kashi 38 cikin 100, na Jupita kuwa ninki biyu da rabi. Jarkar ruwa mai lita 25, a Wata za ki ji ta a hannu kamar kilo 4, a Jupita ta haura 60. Ni nauyin jarkar nake rubutawa a gefen kowace duniya, kafin in sa mutum gudu ko faɗa sai na leƙa.

Sai zobba, wato layukan da za ki zana kewaye da kowace duniya su nuna yadda janta ke raguwa. Tun 1687 Newton ya bayyana cewa in nisanki daga tsakiyar duniya ya ninka biyu, jan ya koma ɗaya cikin huɗu, in ya ninka uku, ɗaya cikin tara. Shi ya sa layukan suke matsewa a jikin duniya, su yi ta buɗewa can nesa, kamar layukan tudu a taswirar duwatsun Shere, inda suka cunkushe nan gangaren ya fi tsanani.

A kan layukan nan aka cuce ni, har yau abin na ci mini rai. Na daɗe ina zana tawa da fensir da zare, da daddare, cikin sanyin Jos ɗin nan, yara sun yi barci, yatsuna har ƙagewa suke. Na kai wa wani mai zanen kwamfuta a wajen Taminus, na biya shi kuɗinsa cif, na roƙe shi don Allah kar ya taɓa tazarar layi ko ɗaya. Ya ce in kwantar da hankalina, Hajiya, aikinsa ne. Bawan Allahn nan ya daidaita zobban duka, tazara iri ɗaya, wai nawa ba su yi kyau a ido ba. Ya kuma manna ta a bangon littafin ya sake ta a shafinsa ban gani ba. Kafin azahar wani malamin kimiyya ya rubuta a ƙasa cewa marubutanmu su riƙa karatu kafin su yi rubutu. Mutane suka yi ca. Har wadda muke gaisawa ta sa hannu. Na koma shagon in karɓi kwalina in nuna wa duniya gaskiyata, sai na tarar an yanka shi an toshe tagar da ta fashe. Rabin duniyata ta huɗu na leƙowa ta jikin gilashi, ruwa ya jiƙa ta. Ko haƙuri bai ba ni ba, cewa ya yi ai takarda ce. A keke Napep na yi kukana har gida. Allah ya isa ban ce ba, amma ban manta ba.

Don haka ki ɗauki hoton taki kafin ta bar hannunki.

Wani abu kuma, kar ki rubuta cewa babu ja a sarari. Tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa tana wajen kilomita 400 sama, jan duniya a can kusan kashi 90 cikin 100 ne. Suna shawagi ne saboda su da tashar tare suke faɗowa suna kewaya duniya.

Kuma duniya ɗaya ma ba ko'ina janta yake daidai ba. A 2002 Amurka da Jamus sun harba tagwayen taurarin ɗan'adam, GRACE, ɗaya na bin ɗaya da tazarar wajen kilomita 220. In na gaba ya tunkari wuri mai nauyi sai a fizge shi, tazarar ta canza, da wannan aka zana taswirar jan duniyarmu. Ni jiragen fatake biyu na sa suke yin haka, labarin ya ƙara armashi. Zangonsu kuwa na kafa shi a irin wuraren nan biyar da ake kira da sunan masanin lissafi Lagrange, inda jan manyan duniyoyi biyu ke barin abu ya zauna a matsayi ɗaya yana tafiya tare da su. A irinsu madubin hangen taurari na James Webb yake, kilomita miliyan 1.5 daga nan.

Aljanunki su karya doka, ba laifi, almara ce. Amma ki sa jan biro a daidai inda suke karya ta, da iyakar da sihirin ya tsaya. Ki turo mana lambobinki bakwai a nan yau, in sha Allahu bayan isha'i zan zauna in fitar miki da zobban duniyar farko.