Rana biyu a sama ɗaya, ga amsar tambayarka

Toh ɗana, na karanta babi ukun da ka turo kuma na ga tambayarka, wai ka ƙirƙiro duniya mai rana biyu, ja da fara, mutanen cikinta suna ɗaukarsu miji da mata, amma tatsuniyar tasu ta ƙi zama a cikin labarin kamar da yawu aka liƙa ta. Tsakani da Allah matsalar ba ta tatsuniya bace, kai ne ka fara gini daga rufi. A babi na biyu jarumarka ta zauna ƙarƙashin bishiya da tsakar rana tana shan inuwa, inuwa ɗaya tal, alhali ka ce jar rana na gabas farar na yamma. Ina ɗayar inuwar ta tafi? Nan na gane baka taɓa tsayawa a cikin duniyar taka ka ɗaga kai sama ba, daga nesa kake leƙenta.

Kafin ka sake rubuta layi ɗaya sai ka yanke shawara, duniyar taka duka biyun take zagayawa ko ɗaya kawai, domin sama biyu ne daban kuma al'ada biyu za su haifa. In duka biyun ne, to dole su kasance kurkusa da juna ita kuma tana can nesa, in ba haka ba jan da suke mata zai wurgar da ita. Akwai irinta da gaske, Kepler-16b da aka gano a 2011, taurarinta biyu suna zagaya juna cikin kwana 41 ita kuma tana kewaye su cikin kwana 229 ko kusa da haka. Mutumin da ke irin wannan sama kusan tare zai ga sun fito kusan tare su faɗi, dare na nan yadda yake, sai dai lokaci lokaci ɗaya ta shiga gaban ɗaya haske ya ragu. Kaga nan labarin miji da mata ya zauna daram, har ma ka samu ranar da ake cewa sun shiga ɗaki, a hana ɗaura aure ko kuma a ce ranar ce ma ta aure, kai ka zaɓa.

Amma abin da ka rubuta, ɗaya gabas ɗaya yamma, wannan na biyun ne, kuma ni wlh shi ya fi burge ni. Duniya na manne da rana ɗaya, mu ce farar, jar kuma tana can nesa tana nata tafiyar, kamar taurarin nan biyu Alfa Sentori A da B da suke ɗaukar kusan shekara 80 kafin su gama zagaya juna. To ka zauna ka lissafa abin da wannan zai yi wa mutane. Kusan rabin shekara jar ranar da dare take fitowa, da hasken da ya fi na farin wata nesa ba kusa ba, wato wata da watanni babu duhu na sosai, ɓarawo na hutun dole, mafarauci ya canza dabara, masu zance a ƙofar gida basu da wurin ɓuya, sauran rabin shekarar kuma duhu ya dawo. Sannan sau ɗaya a rayuwar mutum take matsowa kusa ta ƙara girma, tsoho ne kaɗai zai ce ya gani sau biyu, kuma da wuya. Wannan ai ba matar da ke ɗaki bace, ɗan ci-rani ne da ake jira. Da shi za su ƙirga zamani, da shi za a naɗa sarki ko a tuɓe shi, kuma dole a samu wani gida da sana'arsu kawai ita ce riƙe lissafin dawowarsa, su ci abinci da shi, wani lokacin ma su yi ƙarya a kai. Ga rikicin labari nan kyauta.

Haka mutane suka yi da taurarin gaske ai. Misirawan dauri basu girmama tauraron Shi'ira don kyansa ba, ɓacewa yake kusan kwana 70 sai ya sake ɓullowa da asuba dab da cikar kogin Nilu, shi ya sa ya zama alamar sabuwar shekara har suka mai da shi abin bauta. Wasu Larabawan jahiliyya ma sun bauta masa, shi ne Suratun Najmi aya ta 49 ta ce Allah ne Ubangijin Shi'ira. Abin dariya duk tsawon lokacin nan basu san tagwaye bane, sai 1862 aka hango ƙaramin abokinsa da madubin hangen nesa, suna zagaya juna cikin shekara 50. Tauraron da Larabawa suka kira Ra'asul Gul kuwa kusan duk bayan kwana uku haskensa ke dushewa na wasu awanni saboda ɗan uwansa ya gifta ta gabansa. Mu ma da muka ce Zara matar wata ai don ana yawan ganinta kusa da jinjirin wata ne, ido ne ya fara gani kafin baki ya raɗa suna.

Sai abu na ƙarshe da ya dame ni, kowa a garin naka labari ɗaya yake bayarwa kamar an bi su da hadda. Manomi da jar rana ke ƙona wa shuka ba zai kira ta amarya ba, makiyayi mai tafiyar dare kuwa uwa zai ɗauke ta. Bar su su yi gardama a kasuwa.

Ka ajiye babin nan tukuna. Samo takarda ka zana min shekara guda ta duniyar, wata wata, ina kowace rana take da safe da yamma, yaushe ake samun duhu, inuwa nawa mutum ke da ita a kowane lokaci. In ka gama ka turo min kafin Juma'a, sannan mu koma kan yarinyar nan da bishiyarta.