Me Ya Sa Jariran Rex Ɗina Ke Mutuwa a ARK?

Tambaya: A wasan bidiyo na ARK: Survival Evolved, duk ƙwan Rex (wani katon dinoso mai cin nama) da na ƙyanƙyashe sai jaririn ya mutu, alhali komin abinci cike yake da nama. Ina matsalar take?

Amsa: Yunwa ce. Jariri ba ya ci daga komi sai girmansa ya kai kashi 10 cikin 100. Da zarar ya fito, fara karɓar sa ya zama naka, sannan ka zuba masa ɗanyen nama a jakarsa, wato ma'ajiyar kayansa a cikin wasan (inventory). Da farko jakar kaɗan take ɗauka, ga naman da saurin ruɓewa, don haka kada ka yi nisa, riƙa ƙarawa. Masu cin ganye 'ya'yan itace ake ba su. Jaririn Wyvern (wani dodo mai fukafukai) kuwa, madarar Wyvern ce ke raya shi.